Filin Masu Garka: Guzberi a Tukunya, Zai Yi a Damagaram?

Wasiƙun wannan wata kusan duk sun karkata ne kan shuka 'ya'yan itace a cikin tukunya ko bido, a tsakar gidan da ba shi da filin garka. Mun fara da wadda ta fi buƙatar dogon bayani.

Wata Hajiya daga unguwar Birni ta rubuto: Ɗana da ke karatu a Faransa ya zo mini da wani ɗan itace mai ƙaya a cikin leda, ya ce guzberi ne, can suna ce masa groseille à maquereau. Na dasa shi a tukunya, wata uku ke nan. Ganyen ya ƙone daga baki-baki yana zubewa. Me na yi ba daidai ba?

Hajiya, ranki ya daɗe, ba ki yi laifin komai ba. Itacen ne ba na ƙasarmu ba. Guzberin Turai, wanda masana ke kira Ribes uva-crispa, ɗan ƙasar sanyi ne. Tsawonsa mita 1 zuwa mita 1 da rabi, kuma a Ingila ko arewacin Faransa yana jin daɗin tukunya ƙwarai: mai faɗin santimita 40 ta ishe shi, a rage masa rassa lokacin sanyi a bar tsakiyarsa a buɗe, a ba shi taki mai yawan fotash. Amma akwai sharaɗin da ba a tsallake shi. Kowace shekara sai ya zubar da ganye ya yi barci cikin sanyin da bai kai digiri 7 ba, na kimanin awa 1,000, kafin idanunsa su buɗe su ba da fure. A nan Damagaram, cikin tsakiyar ɗari, daren Disamba da Janairu yawanci digiri 14 ko 15 ne. Wanda muke kira sanyi har mu hura wuta a ɗaki, shi a wurinsa bazara ce. Ga kuma zafi: da rana ta wuce digiri 30 ganyensa ke fara ƙuna, mu kuwa a Afrilu da Mayu muna wuce 40. Ko kin ajiye shi a inuwa ya rayu shekara guda, ɗa ba zai yi ba. Kada ki ƙara ɓarnar ruwanki a kansa.

Sai dai sunan guzberi ba itace ɗaya ke amsa shi ba, kuma nan ne mutane ke ruɗewa. Akwai guzberin Indiya, wato amla, wanda mata suka sani ta man gashi. Za mu zo kansa a ƙasa. Akwai kuma fisalis, Physalis peruviana, wanda a jikin fakitin iri na Faransanci za ki ga an rubuta coqueret du Pérou. Shi ba dangin na Turai ba ne ko kaɗan, ɗan'uwan tumatir da gauta ne, asalinsa tsaunukan Andes a Kudancin Amurka, kuma ƙasar Kolombiya ta shahara wajen fitar da shi kasuwannin duniya. Ɗansa kamar ƙaramin tumatir ne ruwan ɗorawa, yana lulluɓe cikin wata 'yar riga mai kama da takarda, da zaƙi da ɗan tsami. Kin san ciyawar nan da ke fitowa da damina a gefen gona, mai 'ya'ya a cikin 'yar jaka, wadda yara ke fasawa a goshi ta yi ƙara? To, danginta ne, shi dai ya fi ta girma da daɗi. Idan abin da kike so shi ne ki tsinki ɗan itace mai tsami-tsami daga tukunyar tsakar gidanki, fisalis za ki nema. Tukunyar da kika riga kika tanada ma ta isa.

Wani malamin makaranta daga Sabon Gari: Na shuka fisalis a watan Maris. Ya yi ganye kore shar har ƙugu, ya yi fure da yawa, amma furen duk ya kaɗe, ko ɗa ɗaya ban gani ba.

Malam, lokaci ne ya kuɓuce maka, wataƙila kuma taki ya yi yawa. Fisalis ya fi dangin nasa tumatir ƙin zafi. A tsaunukan da ya fito, yanayin da ya fi so bai wuce digiri 13 zuwa 18 ba. Idan zafin rana ya haura 33 zuwa 35, garin furen yakan mutu kafin ya yi aikinsa, furen ya bushe daga wuya ya faɗi. Wanda ya shuka a Maris, furensa zai faɗo daidai cikin Mayu. Saboda haka a ƙasarmu shukar rani ce ta lokacin sanyi, kuma lissafi daga baya ake yinsa: ana son fure ya buɗe a Disamba da Janairu.

Ka zuba iri a makon farko na Satumba. Irin ƙanana ne, sun fi na tumatir ƙanƙanta, don haka rabin santimita na ƙasa mai laushi ya isa ya rufe su. Idan ka binne da zurfi ba za su fito ba. Ka yi renon a kasko ko gindin bido mai huji, a inuwa mai haske, ka riƙa yayyafa ruwa da hannu safe da yamma. Tsirowa na ɗaukar kwana 10 zuwa mako 3, kada ka yi saurin fid da rai. A wannan mataki ƙadangare ne babban maƙiyi, yana iya share kasko guda kafin azahar, sai ka kifa raga ko tsohon kwando a kai.

Bayan mako 6 zuwa 7, idan dashe ya kai tsawon tafin hannu da ɗan ƙari, santimita 15 zuwa 20, sai ka mayar da shi mazauninsa da yamma, cikin rabin Oktoba na biyu. Tushe ɗaya tak a bido mai lita 25. Mutane na sa uku don ganin kamar za su fi samu, sai su yi ta kokawar ruwa, babu wanda ya yi kirki. Ka kafa sanda mai tsawon mita 1 da rabi tun ranar dashe, domin rassansa na da gautsi, iskar hunturu na karya su.

Ka lura da yadda yake girma. Karan yana miƙewa ɗaya, sannan ya rabu biyu, kowane reshe ya sake rabuwa biyu, kuma a kowace mararraba fure ɗaya ke fitowa, rawaya mai ɗigo biyar masu duhu a ciki. Ke nan idan ka tsinke kan reshe, 'ya'ya ka tsinke. Abin da ake cirewa shi ne tohon da ke fitowa ƙasa da mararrabar farko, a bar manyan rassa 3 ko 4.

Batun taki kuwa, fisalis ɗan talaka ne. Ka cika shi da takin ure ko kashin kaji, zai ba ka daji na ganye babu ɗa. Murfin kwalbar lemo ɗaya na takin zamani NPK 15-15-15, kimanin giram 6, irin awon da manoman hatsi ke sa wa kowane rami, ya isa bido guda: sau ɗaya mako biyu bayan dashe, sau ɗaya idan fure ya fara, sau ɗaya bayan wata guda. A binne shi a gefen bido nesa da kara, a bi da ruwa nan take.

Daga fure zuwa nuna wata biyu ne zuwa biyu da rabi, don haka girbi zai kama daga Fabrairu zuwa Maris. Alamar nuna ita ce rigar ta bushe ta koma launin kara, ɗan ciki ya zama ruwan ɗorawa sosai. Sau da yawa da kansa yake faɗowa. Ka bar shi cikin rigarsa a wuri mai iska, zai yi makonni bai lalace ba. Gargaɗi ga masu yara: ɗanyen ɗan mai kore da ganyen suna da guba irin ta ɗanyen dankalin turawa da ya yi kore, ba a cin su. Idan kuma ka ci karo da irin da aka rubuta Physalis pruinosa, ka saya. Ya fi gajarta, 'ya'yansa sun fi ƙanana, amma yana nuna kwana 70 ko kusa da haka bayan dashe, ya kuma fi jure zafi, abin da ya sa a ganinmu ya fi dacewa da gajeren sanyinmu.

Wani matashi daga Garin Malam: Na dasa rumman da gwaiba a baƙaƙen bokitan roba a kan siminti. Kullum ina ba su ruwa, ƙasar a jiƙe take, amma da rana sai su yi laushi kamar an zuba musu ruwan zafi.

Ɗan'uwa, kusan hakan ne ya faru. Sa hannunka a jikin bokitin ta gefen yamma da ƙarfe uku na rana ka ji. Baƙar roba a cikin rana tana iya kai ƙasar da ke manne da ita sama da digiri 50, kuma ƙananan saiwoyin da ke shan ruwa suna fara mutuwa tun daga wajen 40 zuwa 45. Su ne kuwa ke taruwa a jikin bango. Itacen da ke ƙasa saiwarsa na gudu zurfi ta sami sanyi, na tukunya ba shi da wurin gudu. Sai ka ga ƙasa a jiƙe, itace na ƙishirwa, domin bakin da zai sha ya ƙone. Kai kuma ka ƙara ruwa, ragowar saiwar ta ruɓe. Idan kana son tabbatarwa, zare itacen da ƙasarsa gaba ɗaya: saiwa mai lafiya fara ce mai ƙarfi, wadda ta dahu ruwan ƙasa ce, tana saɓulewa a yatsa.

Maganin yana jikin mazubin. Tukunyar ƙasa, irin ta Mirya da ba a shafa mata komai ba, ita ce gaba, don tana tsatsafar da ruwa ta sanyaya cikinta kamar yadda randa ke yi. Aibinta biyu: tana shan ruwa fiye da roba, kuma dole ka huda gindinta a hankali, bayan ka jiƙa ta ta kwana, da ƙusa ana murzawa, ba bugu ba. Idan roba ce ke hannunka, rawayan bido ya fi baƙin bokiti. Ka shafe shi da farar ƙasa ko farin fenti, ko ka naɗe shi da buhun algarara ko guntun zana. Wanda ya fi duka: ka zura bokitin cikin wata babbar tukunya, ka cika tsakaninsu da yashi kana jiƙa shi. Dabarar tukunya cikin tukunya ke nan da Mohammed Bah Abba, malami daga Jigawa, ya yaɗa don adana kayan miya, har ta kai shi ga lambar yabo ta Rolex a 2000. Abin da ke hana tumatir ruɓewa shi ke hana saiwa dahuwa.

Ka ɗaga mazubin daga siminti, ka ɗora shi kan bulo biyu ko uku. Siminti na riƙe zafi har bayan isha'i, ɗagawar kuma tana hana gara shiga ta huji, tana barin ruwa ya fita. Ka ajiye su gabashin bango ko gabashin wata bishiya, su sha hantsi har wajen ƙarfe 11 ko 12, inuwa ta rufe su da yamma.

Bokiti ma ya yi wa rumman da gwaiba kaɗan. Shekarar farko lita 25 ta isa, daga nan sai lita 60 zuwa 100, wato rabin tano. Kada ka ɗauki wanda aka taɓa zuba maganin ƙwari ko man inji a ciki. Huji 8 zuwa 10 a gindi, kowane yatsa zai shiga. Kada ka jera tsakuwa a ƙasa kamar yadda aka saba faɗa. Ba ta taimakon fitar ruwa, wurin saiwa kawai take cinyewa. Guntun fasasshiyar tukunya a kan kowane huji ya wadatar. Rabin tano cike da jiƙaƙƙiyar ƙasa ya fi kilo 100, saboda haka ka zaɓi wurinsa kafin ka cika, kuma kada ya hau rufin soron ƙasa.

Haɗin ƙasa: kwano 2 na ƙasar garka, kwano 1 na yashi mai gautsi, kwano 1 na takin dabbobi da ya ruɓe har ya daina wari ya koma baƙi. Yashin jigawa zalla ba ya riƙe ruwa, lakar tabki zalla kuma idan ta bushe dutse ce, ta tsage ta janye daga jikin mazubi, ruwa ya bi ta gefe ya fice bai taɓa saiwa ba. Garin gawayin da ke taruwa a gindin buhu, ka zuba tafi biyu ko uku, yana riƙe laima. Ɗanyen taki na ƙona saiwa ya kuma kira gara. Ƙasar da aka noma tumatir ko kuɓewa suka yi ƙulli-ƙulli a saiwa tana ɗauke da tsutsar da ido ba ya gani. Idan ba ka da wata, ka jiƙa ta, ka ƙulle a farar leda mai haske, ka shanya a ranar Afrilu mako 4 zuwa 6.

Wata uwargida daga Kara-Kara: Ruwa saye muke yi wurin 'yan garuwa. Zan iya ba shukata ruwan wanki? Kuma wani farin abu kamar kanwa yana fitowa a saman ƙasar da bakin tukunya.

Uwargida, wanda ya zauna Damagaram ya san darajar bido guda, garin da ke zaune kan dutse, ruwansa daga nesa ake jawo shi. Ruwan alwala, ruwan wankin shinkafa ko gero, da na ɗaurayar ganye, duk ki tara ki ba su, amma a ranar, kada ya kwana ya yi tsami. Ruwan wankin tufa mai garin sabulu ko Javel, a'a. Na wanke-wanke mai maiƙo da gishiri, shi ma a'a. Garin sabulu cike yake da sinadarin gishiri da ke kashe laushin ƙasa. Bishiyar da ke tsakar gida tana iya shanye shi, tukunya ba ta iyawa.

Farin abin da kike gani gishiri ne. Ruwa ya tashi ya bar shi a baya, daga ruwan kansa da kuma takin zamani. Abin da ke ƙara shi shi ne ba da ruwa kaɗan-kaɗan, kofi da safe kofi da yamma, wanda ba ya kaiwa gindi. Alamarsa a jikin shuka ita ce bakin tsofaffin ganye ya ƙone. Ki kankare santimita 2 na sama ki zubar, ki sa sabuwar ƙasa. Sannan sau ɗaya a wata ki yi mata wankin ciki: ki zuba ruwa mai kyau a hankali har ya riƙa fita ta ƙasa sosai, ki tare shi da kwano ki kai wa dogon yaron ƙofar gida. Da damina ki fitar da tukwanen su sha ruwan sama, babu abin da ya kai shi wanke gishiri. Idan sababbin ganye na fitowa rawaya amma jijiyoyinsu kore, ƙasar ta yi kanwa-kanwa har saiwa ta kasa jan sinadarin ƙarfe. A nan ki daina zuba toka gaba ɗaya, ki ƙara ruɓaɓɓen taki.

Awon ruwa: fisalis a bido, lita 1 zuwa 2 a rana lokacin sanyi, ya kai 3 idan Maris ya shigo. Itace a rabin tano, lita 4 zuwa 5 duk bayan kwana biyu da sanyi, kullum kuma da bazara, wani lokaci har ƙari da yamma. Yatsa ya fi kowane lissafi: ki tura shi gaɓa biyu cikin ƙasa, in da laima ki bari sai gobe. Ki rufe saman ƙasar da ɓawon gyaɗa ko busasshen ganye kaurin yatsu uku, ba tare da ya taɓa kara ba. A babban mazubi kina iya binne ƙaramin tulu har wuya, ki cika shi ki rufe bakinsa saboda sauro; saiwa za ta zo ta naɗe shi tana tsotsa gwargwadon buƙata.

Wani Alhaji daga Zongo: Amla fa, zai yi a tano?

Alhaji, zafi ba zai kashe shi ba. Phyllanthus emblica yana rayuwa a busassun yankunan Indiya inda rana ke kai digiri 45, yana kuma jure ƙasa mai ɗan gishiri, sai dai ƙaraminsa na son inuwa shekara biyu na farko. Matsalar ita ce bishiya ce mai kai mita 8 ko fiye. Wanda aka shuka daga ƙwallo yakan yi shekara 7 ko 8 kafin ya haihu, wanda aka yi wa aure, wato aka haɗa reshen mai haihuwa a kan wani tushe, shekara 3 zuwa 4, kuma ya fi ba da 'ya'ya idan akwai iri biyu kusa da juna. A tano zai rayu, amma abin da zai ba ka ba zai biya ruwan da ya sha ba. In kana da fili a garka wajen Mirya ko Gidimuni, can ne wurinsa. Kada ka tsorata idan ka ga ya zubar da ƙananan rassansa da ganye a ƙarshen sanyi, ɗabi'arsa ce. Don tano, rumman ya fi shi nesa ba kusa ba: reshe mai kaurin fensir, tsawon santimita 25, a binne kashi biyu cikin uku a farkon damina, cikin shekara 2 zuwa 3 ya fara haihuwa.

Wata ɗaliba daga Tudun Jamus: Ganyen fisalis ɗina ya yi ɗigo-ɗigo fari, sannan ya koma kamar an watsa masa ƙura, akwai kuma saƙa siririya a ƙarƙashi.

'Yarmu, ki ɗora farar takarda a ƙarƙashin ganye ki kaɗa shi. Idan kin ga jajayen ɗigo ƙanana kamar garin barkono suna tafiya, to jan gizo-gizon da ke addabar masu tumatir da gauta ne. Zafi da bushewa da ƙurar hunturu yake so, kuma cikin mako ɗaya zuwa biyu ƙwai ya zama uwa, shi ya sa yake mamaye shuka kafin a farga. Yawancin magungunan ƙwari na kasuwa ba sa kashe shi, sai ma su kashe ƙwarin da ke cinsa, ya ƙara yawa.

Ki tsinke ganyen da ya fi lalacewa ki ƙona. Ki wanke ƙarƙashin sauran da ruwa mai ɗan ƙarfi duk bayan kwana 2 ko 3. Sannan ki samo busassun 'ya'yan dogon yaro, ki ɓare ki daka ƙwayar ciki, giram 50 a lita 1 na ruwa, wato kamar cikin tafi biyu. Ya kwana a jiƙe, ki tace da ƙyalle, ki narka ɗan farin sabulun wanka kamar girman ƙwayar gyaɗa a ciki don ya kama ganye. Ki fesa bayan la'asar sakaliya, daga ƙasa zuwa sama, domin a bayan ganye suke zaune. Feshin tsakar rana na ƙona ganye, rana kuma na kashe ƙarfin maganin. A maimaita duk kwana 5 zuwa 7, sau uku a jere, kuma kowane karo sabo za ki haɗa. Turmin da kika daka a ciki ki ware shi, ɗacin ba ya fita da wanki ɗaya.